Batir Shida da Suka Sha Rana

Shekaranjiya ɗaya daga cikinku ya tsaya a ƙofar shagon nan, ya ɗaga waya sama, ya ce wai shi ma mawaƙi ne, a ɗaki ya haɗa waƙarsa tun kafin shayinsa ya huce. Na ce madalla. Sai ya dubi tsohuwar rikodata da ke kan kanta ya ce, "Baba, ku kam kun huta a zamaninku, danna ja kawai kuke yi." Danna ja! To ku matso, ku kashe wayoyin nan, in gaya muku abin da ke bayan danna ja.

Sunana Ummaru, amma a Mafara in ba ka ce Ummaru Mai Kaset ba, babu mai nuna maka ni. A Gusau na koyi aiki, wurin maigidana Malam Bawa mai gyaran rediyo, Allah ya jiƙansa. Shekara guda cur bai bar ni na taɓa makirfo ba. Aikina in naɗe auduga a tsinken ashana, in tsoma a sifirit, in goge kan rikoda har ya yi ƙyalli. In zaren kaset ya tsinke, in yanke bakinsa a karkace da reza, in haɗe da ɗigon jan farce, in hura har ya bushe. In za a mayar da kaset baya kuwa, da biro ake juya shi, don mayarwa da na'ura cin batir ne a banza. Malam Bawa ba shi da yawan magana, dokokinsa biyu ne kacal. Ta farko, ba a ɗaukar murya a cikin hayaniya. Ta biyu, ba a ɗauka da batirin da ya taɓa aiki, ko da na minti ɗaya ne. Ni kuwa duka biyun na karya su a rana ɗaya, kuma da sunan wannan ranar nake cin abinci har yau.

Da aka fara aikin dam ɗin Bakolori sai na dawo gida na kama wannan shagon kusa da tasha. Ba ku ga Mafara a lokacin ba. Tifa na bin tifa, ga Turawan kamfani da gajerun wanduna, ga lebura daga ko'ina, wani ma ba ka taɓa jin yarensa ba. Duk wanda ya karɓi albashi, keke zai fara saye, sannan rikoda. Yawancin masu zuwa wurina wasiƙa suke aikawa gida da baki. Mutum zai zauna a kan benci, in miƙa masa makirfo, ya yi gyaran murya ya fara gaisuwa. Akwai wanda ya gai da uwa, ya gai da uba, ya gai da maƙwabta, ya tambayi lafiyar jaki, har fuska ɗaya ta kaset ta ƙare bai kai ga saƙon ba. Da na juya kaset ɗin sai ya ce ai ba ya kyautuwa a fara magana babu sallama, ya sake daga farko.

Wata Litinin da hantsi ina haɗa zaren kaset ɗin wani direba, sai ga mutum biyu sun yi sallama, wandunansu duk taɓo da baƙin mai. Na gaba ƙato ne, sai da ya sunkuya kafin ya shigo. Wannan shi ne Labbo, mutumin Dakko. Na bayansa ɗan firit ne, Muntari daga Maradun. Da Labbo ya buɗe baki na ji 'yar siririyar murya, na danne dariyata. Da Muntari ya ce "An tashi lahiya?" sai da na leƙa bayansa in ga ko akwai wani. Murya ce mai kauri da zurfi, kamar ana magana daga cikin randa. Na rantse ban taɓa jin irinta ba, kuma na ji muryoyi.

Aikinsu tsaron injin famfo ne a wajen Birnin Tudu, inda ake haƙa kanal, wato hanyar ruwan dam, suna zuƙe ruwan da ke taruwa a ramin. Aiki ne na zama. Tun safe har la'asar suna gindin inji, Labbo na kaɗa wata jita da wani mai walda ya bar masa, wadda ya ɗaura wa wayar birkin keke, Muntari na buga galan ɗin mai da tafin hannu. A nan suka haɗa waƙa guda ɗaya tak, ta rawa, har leburori suka sa musu suna 'Yan Famfo.

Bayan mun gama gaisuwa Labbo ya ce, "Mai Kaset, aikin wurinmu ya ƙare. Juma'a za a kwance inji. Shi wanga kuma kamfani za su tahi da shi kudu, aikin hanya, nan da mako biyu. Ni ba ni zuwa, tsohona ba shi da mai noma. Muryatai nika so ka kama mani kahin ya tahi."

Muntari ya ce, "Ƙarya yake, so yake a ji jitarsa."

Na ce su kwantar da hankalinsu, sun zo wurin ɗan hannu. Haka na ce, da bakina.

Washegari na shirya shago kamar yadda aka koya mini. Na rataye barguna biyu a bango, na toshe taga da buhu, na haɗa rikoda da batirin mota. Na roƙi maƙwabcina Malam Sanda tela ya ɗaga ƙafa daga keken ɗinki. Muka jira tifa ta wuce, na ɗaga yatsa, na danna. Suka fara:

Ruwa ya biyo hanya, ya zo gida,
Ajiye tulu, Indo, taso mu taka.

Subhanallahi. Labbo ya yi gabas, Muntari ya yi yamma. Wannan ya riga, wancan ya makara, su tsaya su harari juna. Muka sake. Muka sake. Kwana uku muna abu ɗaya, gumi na zuba a cikin barguna, ni ina goge abin da na ɗauka ina sake ɗauka a kai. Ran Alhamis har sun fara faɗa. Labbo ya ce Muntari ba shi da kunne, Muntari ya ce wayar birki ai ta keke ce, a mayar wa keke kayansa. Ni ma na fara zargin ko leburori sun yi musu kara ne kawai.

Inna Yalwa ce ta warware mana. Wata dattijuwa ce mai kai fura wurin aikin kanal, in ta dawo takan huta a inuwar shagona. Ta ɗaga bargon ƙofa ta leƙo, ta ga yadda muka jiƙe, ta kama baki.

"Mi kuke yi haka kamar masu jinya?"

Na ce, "Inna, aiki muke. Ana son shiru."

Ta ce, "Shiru? Ɗan nan, ni kullum ina jin wagga waƙa. Ko an lura, in inji ya mutu su ma mutuwa suke? Ranar da mai ya ƙare ban ji ko tari ba. Ai su uku ne, kun baro ɗaya can bakin rami."

Muka dubi juna. Labbo ya fara buga cinya a hankali, tuk, tuk, tuk, irin bugun injin, sai ga kan Muntari ya fara kaɗawa da kansa. Ashe ba su taɓa rera waƙar nan ba sai a kan bugun famfo. Shi ne makaɗinsu, su kansu ba su sani ba. Ni kuma na kwana uku ina korar ƙara da bargo, alhali ƙarar ce suka rasa. Na ji kunya, amma na fi jin daɗi.

Saura kwana ɗaya a kwance inji. Batirin mota ba ya ɗaukuwa zuwa bakin rami, dole sai manyan batir na tocila guda shida. To a nan ne na yi abin da na yi. Ba rashin kuɗi ba ne, kada in yi wa kaina ƙarya. Da safen Juma'a tifar da za ta rage mini hanya ta tsaya tana ta hon, mai kantin da nake sayen batir bai buɗe ba, ni kuma ina da wasu shida da na shanya a kan kwanon shago tun jiya. Kun san dabarar, ko ba ku sani ba? In batir ya gaji, sai a sa shi a rana ya sha zafi, ya ɗan farfaɗo. Kowa na yi don sauraren labarai. Na gwada su a tocila, ta kama tar. Na ce ai waƙa ɗaya ce. Na zuba su a rikoda na haye tifa.

Wurin nan, da Malam Bawa ya gan ni, da ya sallame ni a take. Inji na bugu, ruwa na ambaliya daga bakin tiyo, can gefe ana sauke duwatsu. Na zagaya na zagaya da makirfo a hannu har na sami inda bugun famfo ke shigowa da daɗi ba tare da ya danne murya ba, taku goma sha biyu daga inji, a bayan wani tarin yashi. Na ɗaure makirfo a jikin shebur, na rufa masa hulata saboda iska. Na fara ɗaukar injin shi kaɗai na ɗan lokaci don gwaji, sannan na ɗaga yatsa.

Kai! Sai ka ce ba su ne na jiya ba. Jita ta zauna daram a kan bugun inji, galan ya shiga tsakani, Muntari ya buɗe maƙogwaro. Masu haƙa suka jingine diga. Inna Yalwa ta sauke ƙwarya ta riƙe ƙugu. Waƙar ba ta gudu, tafiya take da nauyi irin ta injin, Muntari na bayarwa, Labbo na amsawa da 'yar muryarsa. Sau ɗaya suka yi, babu tuntuɓe. Da suka dire na danna tsayawa, na zaro kaset, na ɓalle kunnuwansa biyu da farce don kada a yi kuskuren ɗauka a kansa. Na mayar na kunna musu kaɗan a nan bakin rami, muka ji komai daidai. Yo dole ya yi daidai, da batirin da ya ɗauka nake kunnawa! Kafin a tafi masallaci makanikai sun zo sun kwance injin, an ɗora shi a mota.

Da la'asar na dawo shago, na haɗa da batirin mota, na kunna don in ji aikina da kyau. Abin da na ji ba shi na ɗauka ba.

Bari in yi muku bayani, tunda ku ba ku san wannan ba. In batir ya yi sanyi, motar da ke jan zare ba ta kai gudunta. In ka ɗauki murya a haka, ranar da ka kunna da cikakkiyar wuta zaren zai yi gudu fiye da yadda aka ɗauke shi. Komai sai ya yi sauri, murya ta tsuke. Kuma nawa batir ɗin ƙara mutuwa suke yi ana cikin waƙar. Saboda haka abin ya fara da ɗan sauri, yana tafiya yana ƙara wuta, kafin ƙarshe famfo na bugu kamar ana sakwara. Labbo ya koma sauro. Muntari kuwa, muryar da aka ce in kama, ta zama ta ɗan saurayin da bai fara aski a gemu ba.

Na so in ce laifin rikoda ne. Har na shirya ƙaryar. Amma da suka shigo ran Asabar da fara'arsu, Muntari har da sabuwar hula, sai na kasa. Na ce, "Ku zauna. Na yi muku ɓarna, kuma da ganganci na yi." Na faɗa musu komai, na kunna.

Muntari ya saurara, ya karkata kai. "Wagga wace yarinya ce?"

"Kai ne."

"Ni? Ummaru, ka ji tsoron Allah!"

Labbo dai ya kwanta a kan benci yana dariya har da hawaye. Ni kuwa kamar ƙasa ta tsage in shige. Muna cikin haka ban kashe rikoda ba, bargon ƙofa kuma na riga na cire. Sai muka ji keken Malam Sanda tela ya canza tafiya. Mutumin nan ko kiɗan biki ya ji, kawar da kai yake yi. Muka leƙa, sai ga ƙafarsa na bin waƙar a kan feda, yana ƙara sauri tana ƙara sauri, shi bai ma sani ba, har ya zarce ɗinkin aljihu. A waje kuma 'yan dako uku sun ajiye buhuna suna takawa. Da waƙar ta kai inda take gudun nan, ɗaya ya jefar da gammo ya yi juyi, tasha ta ɗauki ihu.

Duk da haka na ce akwai gyara. Na kwance bayan rikoda, na ɗora babban yatsa a kan tayar da ke jan zare, na danne ta kaɗan. Gudun ya ragu, muryar Muntari ta sauko inda take. Na ce in suna so, sai in kwafe ta a haka. 'Yan dakon nan suka tsaya cak. Ɗaya ya leƙo ya ce, "Mai Kaset, batirinka ya mutu, a sa mai kyau mana."

Muntari ya dubi 'yan dakon. Sannan ya yi tsaki, ya yi murmushi. "A saki mai gudun," ya ce. "Tawa muryar tana nan wuyana, ba inda za ta. In na dawo mu sake ta yadda take."

Kada ku ɗauka sakin waƙa a lokacin aikawa ne da yatsa. Rikoda biyu nake haɗawa da waya, ɗaya na kunnawa ɗaya na ɗauka, kuma kowane kwafi sai waƙar ta bi ta kansa daga farko har ƙarshe. Mai saye ba zai yarda da kaset mai waƙa ɗaya ba, sai ya ce an cuce shi, don haka sau huɗu nake jera ta a kowace fuska. Asabar, Lahadi, Litinin, ban ji wani sauti a duniya ba sai Ajiye Tulu. Na rubuta sunan a kan kowanne da hannuna. Na fara kai kyauta ga direbobin hanyar Gusau da na Sakkwato, da masu shayi biyu, don su ne gidan rediyonmu. Ran Talata, ranar kasuwa, na ɗaure lasifika a kan gora na kafa a ƙofar shago, na jira sai da kasuwa ta cika.

Ba zan ƙara gishiri ba. Kafin azahar ba ni da sauran kwafi ko ɗaya. Mutane na miƙo nasu kaset, wani ma wasiƙar gidansu ce a ciki, yana cewa a goge a sa masa. Matan da suka kawo gyaɗa daga ƙauye suna rufe baki da mayafi suna kaɗa kafaɗa. Inna Yalwa ta tsaya a tsakiya tana faɗa wa kowa cewa ita ta gano na ukunsu. Labbo da Muntari na tsaye a gefe, babu wanda ya san su ne. Wani ma ya dafa Muntari ya ce, "Malam, ka ji yaran nan? Allah ya yi musu murya." Muntari ya amsa da muryar randar nan, "Awo, suna ƙoƙari."

Cikin makon aka biyo ta wurina aka kira su biki a Bakura. A nan aka yi abin dariya. Babu famfo, ga shi sun fara da tafiyarsu ta da, a hankali. 'Yan rawa suka ɗaga ƙafa suka rasa inda za su sauke. Wani dattijo ya miƙe ya ce, "Ku dai kun yi ƙoƙari, amma mu na cikin kaset munka ce a kawo." Labbo ya rantse su ne, aka ce to a ji. Da ƙyar aka ba su abinci.

Suka dawo mini a fusace. Na ce su ba ni kwana biyu. Kun tuna ɗan gwajin da na yi na injin shi kaɗai? Shi na yi ta kwafa ina jerawa har ya cika kaset, ina ƙara masa gudu kaɗan-kaɗan. Su kuma suka zauna a kan bencin nan suna koyon waƙarsu daga kaset ɗinsu, kamar 'yan makaranta. Ku da kuke taƙama da kiɗan kwamfuta, to ni na riga ku, da famfon ruwa na yi nawa.

Biki na biyu a Maradun aka yi, garin Muntari, bayan la'asar. Na kafa lasifika, na saki famfo. Tuk, tuk, tuk. Tun kafin jita ta shigo fili ya rikice. Suka bi gudun tiryan-tiryan, Muntari na bayarwa da muryarsa ta gaskiya a kan saurin kaset. Ban taɓa jin abu mai daɗin wannan ba, kuma ba zan sake ji ba. Sau biyar aka sa su maimaita. Aka liƙa musu kuɗi har a kunne. Ni ina gefe ina tafi kamar kowa, ga kaset sabo a aljihuna, ga makirfo a jaka. Rikoda ɗaya na zo da ita, ita ce ke kiɗan famfo, ɗayar na bar ta a shago don nauyi. Kwana goma mutumin nan yana gabana bayan ɓarnar batir, ban sake miƙa masa makirfo ba, don duk mun ce sai ya dawo. Wannan shi ne kuskurena na biyu, kuma ya fi na farko.

Ya tafi. Shekarar da ta biyo baya ita ce mummunar shekararmu, lokacin rikicin gonaki. Iyayenku sun sani, ba sai na buɗe ba. Gidaje da yawa an yi zaman makoki, babu mai neman waƙar rawa, ni ma na sauke lasifika na naɗe. Gyaran rediyo ne ya riƙe ni, don kowa labarai yake son ji. Muntari ya aiko aka kai masa matarsa can kudu. Yakan aiko da gaisuwa ta bakin direbobi, kullum bana zai zo. Sannan wata rana direba ya kawo labarin ya yi ciwon kwana kaɗan, Allah ya karɓi abinsa. Matar ta dawo Maradun da 'yar jaririya a baya. Labbo ya rataye jita, ya koma gonar tsohonsa. Waƙar kuwa ta ci gaba da yawo abinta, an kwafe ta an sake kwafewa har ban san iyaka ba.

Shekaru sun tafi, kaset ya mutu, na koma sayar da caja da gyaran fitila. Wata safiya sai ga Labbo, gemu fari fat, da wata mata a bayansa riƙe da jakar hannu. Muka gaisa, muka tambayi gida, muka tambayi damina. Ya ce, "Ummaru, ga Saratu, ɗiyar Muntari. Malamar asibiti ce yanzu."

Ta durƙusa ta gaishe ni. Ta ce, "Baba, wata magana ce ta kawo ni. Innarmu har ta rasu tana cewa in babana ya yi magana a zaure, sai an ji a ƙuryar ɗaki. Ni kuma muryarsa da na sani ita ce ta kaset, 'yar ƙarama. Na ɗauka so ne ya sa take faɗin haka. Baba Labbo ya ce in zo in tambaye ka."

Na ce, "Innarki ba ta yi ƙarya ba, ni na yi. Ku je ku dawo bayan azahar."

Na bi maƙwabta ina roƙon matattun batir, suna ta yi mini kallon wanda ya fara ruɗewa. Na sami shida, na jera su a kan kwano suka sha rana. Na sauko da rikodar nan da kuke wa dariya, na goge kanta da auduga da sifirit. Na buɗe akwatin ƙarfe na ɗauko uwar kaset, mai ɓallallun kunnuwa, wadda ban taɓa ba kowa aro ba.

Da suka dawo na kwance bayan rikodar, na zuba batir, na ce wa Labbo, "Ni ban san daidai ba. Kai ka shekara a gindin injin nan. Kada ka saurari waƙa, famfo za ka saurara. In ya kai bugunsa ka gaya mini."

Na danna. Batir ɗin suka ja zaren da ƙyar, amma da sauran gudu. Na ɗora babban yatsa a kan tayar. Labbo ya rufe ido, yana buga cinya. "Rage. Ƙara ragewa. A'a, ka wuce. Saki kaɗan." Sai ya ɗaga hannu. "Nan. Nan ne. Riƙe nan."

Sai ga Muntari ya cika shagon. Muryar nan mai kauri, a hankali, da nauyinta, kamar yana zaune a kan bencin. Ruwa ya biyo hanya, ya zo gida. Da aka zo wurin amshi, Labbo bai san lokacin da ya buɗe baki ya amsa masa da 'yar muryar nan tasa ba. Ni yatsana ya ƙage, hawaye na zubo mini, ban da hannun sharewa, don waƙar na tafiya dole in riƙa ƙara dannewa. Wallahi ban taɓa jin daɗin aikina kamar ranar ba. Saratu ta dafe ƙirji, tana kuka tana dariya, kuma na ga ƙafarta na bin famfo a ƙarƙashin zane.

Waƙar ta ƙare. Saratu ta goge ido, ta zaro waya daga jaka ta ajiye kusa da lasifika. Ta ce, "Baba, a mayar baya. Wannan karon zan ɗauka."

Ta kai hannu za ta danna maɓallin mayarwa, na riƙe hannun. Batir ɗin nan sun kai daidai inda nake so, ba zan bari a cinye su a banza ba. Na zaro kaset ɗin, na laluba aljihu na ɗauko biro, na fara juyawa.